Tambayi Mai Kyamara: Jarin da Yayana Zai Ba Ni, In Sayi Kyamara Ko In Tafi Jos?

TAMBAYA

Assalamu alaikum Malam. Ni matashi ne ɗan shekara 23. Shekara biyu ke nan ina ɗaukar bidiyon biki da suna da walimar sauka, da kyamarar da nake haya wurin wani maigidana. Yanzu abokina da muka yi makaranta tare ya rubuta gajeren fim na minti ashirin, yana so ni in ɗauka. Bai ɓoye mini ba, ba shi da abin biyana, ko abincin lokeshin ma karo-karo za mu yi. A gefe guda kuma yayana da ke kasuwanci a Legas ya ce zai ba ni jari, in zaɓa: ko in sayi kyamarar kaina, ko in nemi makarantar fim ta Jos. Sannan akwai abin da ke ci mini tuwo a ƙwarya. Duk sanda na ɗauki mutum baƙi sanye da farar shadda sai fuskarsa ta dushe, in na ƙara fitila kuma sai ta yi toka-toka tana ƙyalli. Abokaina sun ce laifin kyamara ne, sai na sayi babba. Malam, ina mafita?

Ɗalibinka daga Tudun Wadan Zariya

AMSA

Wa alaikumus salam, ƙanina. Wasiƙarka ta kwana biyu a gabana ina maimaita karatunta, domin na ga ƙuruciyata a ciki. Da tambayarka ta ƙarshe zan fara, ita ce za ta warware maka sauran.

Kyamara ba ta yi maka laifi ba. Ka bar ta ne tana auna haske da kanta, ita kuwa an ƙera ma'auninta ne ya riƙa mayar da duk abin da ya gani zuwa tsaka-tsaki, kamar ruwan toka. To ka tsayar mata da ango cikin farar shadda mai sitati, a gaban farin bango, da rana tsaka. Tana ganin farin nan ya cika mata ido sai ta rage haske don ta kwantar da shi. Fuskar ango da ma ita ce mafi duhu a wurin, sai ta nutse. Kai kuma ka kunna ƙaramar fitilar nan ta saman kyamara ka dalle masa ido. Ƙaramar fitila mai ƙarfi ɗigon ƙyalli take bari a goshi da ƙarshen hanci, sauran fuskar ta yi fururu kamar wanda ya fito da hunturu bai shafa mai ba. Ko ka sayi kyamarar da ta fi kowace tsada a Najeriya, in haka ka yi mata, haka za ta ba ka.

Abu na farko, ka karɓe ragamar daga hannunta, ka saita hasken da kanka, kuma fuska za ka auna, ka bar shadda ta ji da kanta. Na biyu shi ne wanda ya ɗauke ni shekaru kafin in gane. Baƙar fata tana da sheƙi, tana mayar da siffar abin da ya haska ta kamar yadda ruwan randa ke nuna sararin sama. Saboda haka faɗin haske take so, ba ta damu da zafinsa ba. In abin da ke haska ta mai faɗi ne kuma mai laushi, sai ka ga haske ya kwanta a kumatu ya gangaro a hankali har haɓa, ka ga launin da ke cikin fatar ya fito, wani ja-ja, wani kamar zuma, wani kamar ɗanyen shuni.

Bari in ba ka labarin ranar da na ga wannan da idona. Zamanin kaset ne, ina yaron mai kyamara, aikina ɗaukar jaka da naɗe waya da cajin batir. Muna wani ƙauye, za a ɗauki wata dattijuwa tana yi wa jikarta faɗa a cikin ɗakin ƙasa mai ƙofa ɗaya, ba taga. Janareta ya mutu, an aika yaro neman makanike bai dawo ba, darakta sai kai-komo yake yana duba agogo. Maigidana, Allah Ya jiƙansa, bai ce uffan ba. Ya ari farin zanin gado wurin matar gidan, ya sa na rataye shi a bangon da ke gefen dattijuwar. Ya ɗauko babban tiren silba da aka kawo mana abinci a kai, ya goge shi da gefen rigarsa, ya tsayar da ni a tsakar gida ya ce in tari rana da shi in jefa ta ƙofa, a kan zanin, kada in kuskura ta taɓa fuskar tsohuwa. Na yi ta juya tire har hasken ya sauka inda yake so. Da na leƙa allon kyamara sai na ga zanin nan ya zama kamar wata babbar taga. Tsagar da ke kumatun dattijuwar ta fito layi-layi, ƙwallar da ta taru a idonta tana ɗaukar haske, bangon jar ƙasa kuma ya mayar mata da ɗumi ta ɗaya gefen. Hannuna ya yi tsami ina riƙe da tiren nan wajen rabin awa, kuma ina matsawa kaɗan-kaɗan saboda rana tana tafiya. A duk fim ɗin babu sin, wato fitowa guda ta fim, da ya kai wannan kyau, har da waɗanda muka kunna musu fitilu huɗu.

Ga aikin da na ba ka, kuma ba ya cin ko kwabo. Ka samu wanda zai yi haƙuri da kai, ƙaninka ko kakarka, ka zaunar da shi a bakin zaure daga ciki, inda rana ba ta dukansa amma hasken waje na shigowa. Ka ɗauke shi da hantsi, da azahar, da la'asar, da dab da magariba. Ka juya shi ya fuskanci ƙofa, ka juya shi ya ba ta gefe, ka juya shi ya ba ta baya. Ka kawo farin kwali ko zani ta gefen da ya yi duhu, ka matso da shi, ka janye, kana kallon abin da ke sauyawa. Ka yi mako guda kana wannan, kana rubuta lokaci da abin da ka gani. Da hunturu ka sake, domin hazo yana tace rana ya ba ka laushin da masu kuɗi ke kashe dukiya su samu a ɗakin ɗaukar fim. A fim kuma, ba kamar biki ba, kana da bakin magana a kan sutura. Ka roƙi darakta a bar fari ƙal, a sa wa jarumi ruwan madara ko ruwan toka ko sararin samaniya. A hoto duk fari za a gani, fuskarsa kuwa za ta tsira.

Akwai wani mai kyamara da nake so ka san tarihinsa, Bradford Young, baƙar fatar Amurka da aka haifa a 1977. Ya yi karatu a Jami'ar Howard da ke Washinton, a hannun darakta Haile Gerima, ɗan ƙasar Habasha, wanda ya ci babbar kyautar FESPACO, bikin finafinan Afirka na Wagadugu, a 2009. Young ya kwashe shekaru yana ɗaukar gajerun finafinai da ƙananan finafinan masu zaman kansu, irin na abokinka, inda kuɗi ba su isa a cika wuri da fitilu ba. A nan ya saba da aiki da hasken taga da fitilar da ke cikin ɗakin, kuma ya daina tsoron duhu: yana barin rabin fuska a inuwa, ya bar fatar ta yi sheƙinta. A 2011 ya ci kyautar ɗaukar hoto a bikin Sundance, wanda shi ne babbar kasuwar masu fim da aljihunsu a Amurka. A 2013 ya sake ci, kuma ɗaya daga cikin finafinai biyun da aka ba shi kyautar dominsu shi ne Mother of George, na darakta ɗan Najeriya Andrew Dosunmu, labarin wasu ma'aurata Yarabawa a New York. Da biki fim ɗin ya buɗe, ashoke da gwaggwaro da baƙaƙen fuskoki a cikin hasken dare. Kai da kake ɗaukar biki duk mako, wannan ya isa ya nuna maka cewa kana tsaye a kan abin da wani ya yi suna da shi. Daga nan ne aka ba shi Selma a 2014, fim a kan gwagwarmayar Martin Luther King, jagoran neman 'yancin baƙar fata a Amurka, sannan a 2017 ya zama baƙar fatar Amurka na farko da aka sa cikin 'yan takarar kyautar Oska ta ɗaukar hoto. Ka lissafa shekarunsa. Ya haura talatin kafin kyautar farko, yana dab da arba'in kafin Oska ta san da shi. Kai kana 23. Abin da ya sa manyan daraktoci suka neme shi kuwa idon da ya samu ne a waɗancan ƙananan ayyuka.

Yanzu batun jarin yayanka, Allah Ya saka masa da alheri. Ra'ayina kada ka sayi kyamara yanzu. Na ga samari da dama sun yi haka. Kyamara tana tsufa da wuri, wadda ake rububi bana, baɗi waccan furodusa zai ce maka an wuce wurin. Kuma mai sabuwar kyamara yakan samu aiki ne saboda kyamarar, a biya shi kuɗin haya a haɗa da shi kyauta, ranar da wani ya sayo wadda ta fi tasa sai waya ta daina ƙara. Sannan nauyin kuɗin ɗan'uwa a wuyanka zai sa ka riƙa karɓar kowane biki don ka nuna ana samu, ka wayi gari shekara biyar ta wuce ba ka ɗauki fim ko ɗaya ba. Kyamara ana hayarta ranar da ake buƙata. Abin da ya cancanci ka mallaka shi ne sitan mai ƙarfi, wato ƙafafun da ake ɗora kyamara a kai, wanda kansa ke juyawa sumul, rifilekta mai mayar da haske, baƙin gilashin da ake ɗaura wa idon kyamara don rage ƙarfin rana, memori masu kyau, da na'urar ajiya guda biyu. Waɗannan ba sa tsufa da wuri, kuma duk kyamarar da ka hayo za su yi maka aiki.

Makarantar Jos, wato Cibiyar Koyon Fim ta Ƙasa da ke ƙarƙashin Hukumar Fim ta Najeriya, in ka samu gurbi kuma yayanka ya yarda zai riƙe ka har ka gama, ita na fi so maka a kan kyamara. Za ka koyi dalilin abubuwan da yanzu kake yi da ka, za ka kalli finafinan da ba za ka nema da kanka ba, kuma za ka haɗu da sa'anninka daga kowane sashe na ƙasar nan, waɗanda gobe su ne daraktocin da za su kira ka. Amma kada ka dawo da takarda kana jin ka fi ƙarfin naɗe waya. Tunde Kelani, wanda duk mai kyamara a Najeriya ke girmamawa, da koyon ɗaukar hoto a hannun maigida ya fara, ya yi aiki a gidan talabijin na Ibadan, sannan ya tafi makarantar fim a Landan. Ya haɗa biyun. In makarantar ba ta yiwu ba, ka shigo Kano, ka nemi mai kyamarar da aikinsa ke burge ka cikin masu finafinai masu dogon zango, ka ce masa kana so ka bi shi. Ka riƙe masa jaka shekara guda, idonka a kan inda yake ajiye fitila da dalilin da ya sa ya matsar da ita.

Fim ɗin abokinka kuwa, ka ɗauka. Babu wanda zai ba ka fim mai kuɗi bai ga wanda ka yi ba kuɗi ba. Sai dai ku zauna ku rubuta abu uku a takarda, ku sa hannu, ko da kuna jin kunyar juna: kwana nawa za a yi, sunanka zai fito a matsayin mai ɗaukar hoto, kuma kana da damar yanko wani sashe ka nuna wa masu neman ma'aikaci. Ina nanata wannan ne don ya taɓa cina. Fim na farko da na riƙe kyamara da kaina, kwana goma sha ɗaya na yi, wani furodusa ya ce in yi haƙuri da kuɗi, suna zan samu. Da kaset ya fito sai na ga sunan ɗan'uwansa a gurbina. Na je na same shi, ya ce kuskuren edita ne, za a gyara a bugu na biyu. Ba a yi bugu na biyu ba. Har yau in na tuna yadda na zauna da mahaifiyata muna jiran sunana ya wuce a talabijin, raina yana sosuwa.

Kafin ranar ɗauka, ku je kowane wuri kai da darakta, kuma a daidai lokacin da za a yi sin ɗin, ka ga ta ina rana ke shigowa. Ka roƙe shi a ajiye abubuwan waje da safe ko bayan la'asar, tsakar rana a shiga ɗaki, domin rana in tana tsakar ka ramuka take yi wa mutum a ido. Ku gaida mai unguwa ku nemi izini kafin ku kafa sitan a layin mutane. Janareta a kai shi can nesa da doguwar waya. Mutane suna yafe wa hoto mai rauni, amma in ba sa jin magana tashi suke yi, kuma laifin har kai zai shafa. In mutum biyu na hira, ka ƙaddara akwai igiya a miƙe tsakaninsu, ka tsaya a gefe ɗaya nata har sin ya ƙare, in ka tsallaka sai a ga kamar duk gabas suke kallo. Da dare kuma, komai gajiya, kada ka kwanta sai ka kwafe aikin ranar a na'urorin ajiya biyu, ka buɗe ka tabbatar suna wasa, sannan ka goge memori. Ɗaya ta kwana wurinka, ɗaya wurin darakta. In kun gama ka aiko mini in gani.

TAMBAYA

Malam, barka da aiki. Ni ɗaliba ce, ina son aikin kyamara tun ina ƙarama, ni ke ɗaukar duk wani taron gidanmu da waya. Amma kowa ce mini yake wannan aikin maza ne, in dai fim nake so sai dai in fito a gaban kyamara, ni kuwa ba shi nake so ba. Akwai matan da ke yi?

Ƙanwarka daga Maraɗi

AMSA

Akwai su, ƙanwata, ko da yake ba su da yawa, kuma ba a nan kaɗai ba. Kyautar Oska sai da ta kai shekara casa'in kafin a sa mace cikin 'yan takarar ɗaukar hoto, wato Rachel Morrison a 2018, ita ma daga ƙananan finafinai masu zaman kansu ta taso. A 2023 kuma Lílis Soares, 'yar Birazil, ta samu kyauta ta musamman a Sundance saboda hoton Mami Wata, fim ɗin darakta ɗan Najeriya C.J. Obasi, wanda ta ɗauka baƙi da fari.

Ni kuwa abin da na fi gani shi ne ƙofar da ke buɗe miki, wadda a gare ni a rufe take. Shekara da shekaru ina wannan aiki, ban taɓa ɗaukar cikin gida yadda yake da gaske ba. Namiji na shiga da kyamara kowa sai ta gyara mayafi, hira ta mutu. Ɗakin mai jego, wurin ƙunshi, madafa da asuba, tsohuwa tana kaɗi, duk wannan rabin rayuwarmu ne, kuma kusan babu wanda ya ɗauke shi da idon na gida. Ki fara da wayar da ke hannunki. Ki nemi yardar wadda za ki ɗauka, ki gaya mata inda hoton zai je, kada ki sa kowa a intanet ba da saninta ba. Aikin zaure da na ba ɗan'uwanki na Zariya ke ma ki yi shi. Maganar iyaye kuma kada ki yi gaba da su a kai. Ki haɗa ɗan fim na minti uku a kan sana'ar kakarki ko innarki, ki zaunar da su ki nuna musu. Nauyin kaya da ake tsorata ki da shi, kyamarorin yanzu ba su kai tulun ruwa ba.

TAMBAYA

Oga, me ya sa in na ɗauka a ɗaki da wutar lantarki sai hoton ya riƙa kyaftawa, wani lokaci har da layi-layi suna gangarowa?

Mai ɗaukar biki daga Gusau

AMSA

Wutarmu a Najeriya da Nijar tana juyawa sau 50 a daƙiƙa, ta Amurka sau 60, kuma kyamarori da wayoyi da yawa da saitin can suke zuwa, hoto 30 a daƙiƙa. Fitilar tana kyaftawa da nata lissafi, kyamara tana ɗauka da nata, shi ne kake ganin layin. Ka shiga saiti ka mayar da ita hoto 25 a daƙiƙa, shota kuma, wato tsawon lokacin da kyamara ke buɗe ido a kowane hoto, ɗaya bisa 50 na daƙiƙa, ko ɗaya bisa 100. In a kan janareta kake kuma abin bai daina ba, to injin ne ba ya gudu daidai, a rage masa kaya ko a duba shi. Wasu ƙananan ƙwayayen fitila masu arha kuma ko me ka yi sai sun kyafta, irin waɗannan ka kashe su ka kunna taka.